Nereida da Benen da Ba Kowa

Duk wanda ya yi aure a San Lucas Tecomate a shekarun can, ko ya yi wa ɗansa baftisma, ko ya binne tsohonsa, to Don Fulgencio Vivar ne ya ɗauke shi a kaset. Shi kaɗai ke da kyamarar bidiyo a garinmu, wata ƙatuwa mai nauyin tsiya da ake saɓawa a kafaɗa. Matarsa ta rasu da wuri ta bar masa 'ya ɗaya, Nereida, kuma da yake ba wanda zai bar wa ita a gida, tare suke zuwa ko'ina. Shi yana gaba da kyamara, ita tana baya da jakar batir.

Kaset ɗin nan ba don mutanen gari ake yin sa ba. Rabin mazanmu suna tsallake, a New York, suna wanke kwanuka a gidajen abinci ko suna ɗaukar siminti, kuma yawancinsu ba su da takardun da za su zo gida su koma. Su ne masu sayen kaset. Shi ya sa Don Fulgencio ba ya gaggawa a aikinsa. In ana zagaye da mutum-mutumin waliyyin gari, sai ya kafe a bakin titi ya bi fuskoki ɗaya bayan ɗaya, har 'yan badujala su wuce su yi nisa yana nan a kan wata tsohuwa mai riƙe da kyandir.

Ranar da ya fara miƙa wa Nereida kyamarar, tana 'yar sakandare, sai ta shiga juya ta nan da can kamar mai korar ƙuda. Ya dafa kafaɗarta.

"Sannu-sannu, 'yar nan. Wanda ke can ba rawa yake son gani ba. So yake ya ga ko uwarsa ta rame."

Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Kafin ta gama makaranta hannunta ya fi na uban tsayawa, kuma ita ke tace bikin mutane a wata tsohuwar kwamfuta a bayan shago. Sai dai zamani ya juya. Wayoyi masu kyamara suka cika gari, kowa ya zama mai ɗaukar kansa, kasuwar kaset ta mutu murus. Don Fulgencio bai yi ƙorafi ba. Ya sa injin kwafin takardu a shagon da firjin ƙanƙara, ya naɗe kyamararsa a tawul ya ɗora a saman kabad.

Ita kuwa Nereida ta ce makarantar fim za ta je, a birnin Mexico. Karon farko ba su ɗauke ta ba. Ta dawo ta yi shekara tana sayar wa 'yan makaranta ƙanƙara, ta sake nema, aka ɗauke ta. Ta zauna wurin gwaggonta a unguwar Iztapalapa, kullum tana shiga bas ta sauya jirgin ƙasa kafin ta isa aji. A can ta fara ganin fina-finan da ba ta taɓa jin labarinsu ba, ta koyi yadda ake sarrafa haske, da yadda sauti kan faɗi abin da hoto bai nuna ba. Abu ɗaya ne ya gagare ta, wato yankewa. In ta kafa kyamara a kan abu ba ta san ta ɗauke ba. 'Yan ajinsu har sun sa mata suna Sai Gobe. Wani Renato, ɗan birni mai surutu da ke koyon ɗaukar sauti, shi ya fi kowa tsokanarta.

"Nereida, don Allah mun yarda akuya ce," ya ce wata rana ana kallon aikinta. "Mun ga kanta, mun ga wutsiyarta. Ko jira muke ta haihu?"

Aka kwashe da dariya, har ita. Haushin abin dai ya zauna mata, don haka da aka zo fim ɗin gama makaranta sai ta rubuta labarin ɓarayin mota, mai gudu da harbe-harbe, ta yayyanka shi kamar albasa. Da aka nuna, kowa ya tafa mata na ladabi. Malamarsu ta tace fim, Ofelia, dattijuwa mara yawan magana, ta tsayar da ita a bakin ƙofa.

"Ba laifi a cikinsa," ta ce. "Amma na duba daga farko har ƙarshe ban gan ki ba."

Bayan makaranta Nereida ta yi irin aikin da kowa ke yi. Ta naɗe wayoyin lantarki a wurin ɗaukar tallar sabulu, ta riƙe wa 'yan wasa lema, ta zama mataimakiyar mataimakin wani a shirin talabijin. Ba ta jin daɗi, ba ta kuma jin zafi. Kwanaki dai suna tafiya.

Tana cikin haka uban ya kira ta. Wai Abundio Lucero ne ya bugo daga New York yana neman mai kyamara na gaske. Abundio ya bar gari tun yana saurayi, yanzu shi ne babban kuku a wani gidan abinci, kuma 'yarsa Yoselin za ta cika shekara goma sha biyar. Yana son a dafa mole a bikin cikar shekarun, irin miyar barkonon da uwarsa Doña Herminia ke yi, amma duk lokacin da ya tambaye ta ta waya sai ta ce, "Ka zuba daidai." So yake a ɗauki hannunta tana yi, tun daga gashin barkono har saukewa.

"Idona ba ya gani sosai yanzu," in ji Don Fulgencio. "Aikin wuni ɗaya ne. Ki zo ki ga gida ma."

Ta zo, ta kuma jawo Renato, don ya daɗe yana cika baki cewa zai iya cin barkonon ƙauye.

Kowa ya san gidan Doña Herminia, domin shi ne bene mafi tsawo a layin da ke gangarawa rafi. Abundio ne ya gina shi da guminsa, hawa biyu, fenti ruwan ɗorawa, tagogi masu gilashi. Amma da suka ƙwanƙwasa ƙofar ƙarfen, ta bayan gida muryarta ta fito. Suka zagaya suka same ta a tsohon madafinta na ƙasa, wanda hayaƙi ya mayar da rufinsa baƙi ƙirin. Gadonta ma a nan yake, a lungu, kusa da buhunan masara. 'Yar ƙaramar tsohuwa ce mai kitso biyu har ƙugu. Ta ƙare wa Nereida kallo.

"'Yar Fulgencio ce wannan? Ba sa ba ku abinci a birnin ne?" Sai ta ga Renato yana ɗaga makirfo mai gashi-gashi a kan doguwar sanda. "Shi kuma wannan me ya sa zai rataya min mushen zomo a ka?"

"Inna, da shi zai ji maganarki."

"To kunnuwansa na ado ne?"

Aka fara. Ta gasa barkono kala-kala a kasko, ta soya riɗi da gyaɗa da ayaba, ta durƙusa gaban dutsen niƙa. Da farko Nereida take yi wa bayani. Can da aiki ya yi nisa sai ta manta da ita, ta koma yi wa idon kyamarar magana kai tsaye, kamar ɗanta Abundio ne a gabanta.

"Ka gani, Bundo? Kada ka bari ya yi baƙi, ɗaci zai yi. Kai dama tun kana yaro ba ka da haƙuri. Ka tuna ranar da ka tsoma yatsa a tukunya?"

Ta yi dariya ita kaɗai, ta ci gaba da niƙa. Nereida ba ta motsa ba. Ta bar kyamarar a kan hannuwan nan masu jijiyoyi suna kai da komo a kan dutse, ta kuma ji wani abu ya kwanta mata a ƙirji wanda rabonta da shi tun tana bin ubanta. Renato, wanda bakinsa ba ya rufuwa, ranar ko tari bai yi ba. Da la'asar ya ci mole har hawaye na zuba, tsohuwar tana ƙara masa tana cewa ɗan birni ya ji maza.

Nereida ta tace sashen girkin ta aika, aka yi biki a New York, Abundio ya bugo yana godiya. Magana ta ƙare ke nan a wurin kowa, ban da ita. Ta koma birni ta kasa daina kallon ragowar hotunan. Bayan 'yan makonni ta dawo ta sami Doña Herminia tana ɓare masara.

"Inna, ina so in riƙa zuwa ina ɗaukar ki. Ba don Abundio ba. Fim nake son yi."

"Fim ɗin me? Ni ba na waƙa, ba na rawa."

"Na yadda kike zaune kawai."

"Ke dai ba ki da aikin yi. To in za ki zauna, ɗauki masarar nan ki taya ni."

Haka aka fara. Duk sanda ta sami hutu sai ta hau bas ta zo, wani lokaci da Renato, wani lokaci ita kaɗai da aron kyamara. Ta ɗauke ta tana kai awaki gangare, tana tsinkar 'ya'yan itacen pitaya da doguwar gora a cikin ƙaya, tana faɗa da maƙwabciyarta a kan kaza. Rani ya wuce, damina ta sauka, tsaunuka suka yi kore.

Wata safiya ruwa ya yi dukan tsiya, tsohuwar ta ce bari ta duba ko benen na yoyo. Nereida ta bi ta. Ita Nereida ba ta taɓa hawa ba sai ranar. Ɗakuna ne manya, tayil yana ƙyalli, kujeru da gadaje duk suna cikin ledarsu tun daga kanti. A ɗaki ɗaya an shanya barkono a ƙasa. Doña Herminia ta zauna a bakin wani gado, leda ta yi ƙara. Sannan ta juyo ta dubi kyamarar.

"Wannan ɗakinka ne, Bundo. Wancan na yarinyar. Duk Asabar nake sharewa." Ta goge hannunta a jikin zane. "Ni ban ce ka gina min bene ba. Ka ce shekara biyu za ka yi. Ubanka ya mutu, ta waya ka ji ƙarar ƙasa a kan akwatinsa. Gwiwata ba ta son matakalar nan. Ka turo firji, ka turo talabijin, na gode. Amma ni da wa zan kalla?"

Ba ta yi kuka ba. Ta miƙe ta duba kusurwar rufi, ta ce ba ya yoyo, suka sauko.

Maganar nan ta tsaya wa Nereida a rai. Ta san ita ce zuciyar fim ɗin, ta kuma san ba tata ba ce. Ta je neman shawarar ubanta a shago, yana zuba wa wasu yara ƙanƙara.

"Ni a zamanina da na goge," ya ce. "Mutum yana can yana wahala, ba a aika masa abin da zai hana shi barci. Amma ni kaset nake yi, ke kin ce fim. Ki je ki tambayi mai maganar."

Ta je ta kunna mata a kwamfuta. Doña Herminia ta kalli kanta har ƙarshe, haɓarta a tafin hannu.

"Haka na tsufa?" ta ce. Sai kuma, "Ki aika masa. In ya bugo waya ba na iya faɗa, sai in ji muryarsa a gajiye in ce lafiya lau. Wannan abin naki ba ya katse ni."

Nereida ta aika. Abundio ya kira ta, ranta ya ba ta tun kafin ta ɗauka cewa ba godiya ba ce.

"Na ce ki ɗauko min miya, ban ce ki tone min asiri ba! Kin san wahalar da na sha kafin in ɗora bulo ɗaya a gidan nan? Ke da kika tafi birni kina dawowa duk sanda kika ga dama?"

"Kawu Abundio, ita ta ce in aiko. In ba ka yarda ba, ba wanda zai gani bayan kai."

Ya kashe wayar. Lahadi ta zo bai kira uwarsa ba, shi da bai taɓa fashi ba. Wata Lahadin ma shiru. Nereida ta rasa inda za ta sa kanta, ta daina kawo kyamara, sai dai ta zo ta zauna. Tsohuwar ce ma ke ba ta baki.

"Bar shi. Ni na haife shi. In ya yi fushi kamar tukunyar wake yake, sai ya gama tafasa."

Ya kuwa gama. Ya kira uwar, suka daɗe suna magana, ba wanda ya san abin da suka ce don ta shige madafi ta ja ƙofa. Da ta fito sai ta ce da Nereida ta zo ta taya ta cire ledar gado ɗaya. Shi Abundio ba zai iya zuwa ba, in ya fito ba zai koma ba, ga mata da yara a can. Amma Yoselin a can aka haife ta, tana da fasfo. Za ta zo hutun makaranta.

Yarinyar ta sauka daga mota da ƙaton akwati da farin takalmi, Sifaniyancinta yana ɗingishi. Kakar ta kama fuskarta da hannu biyu ta juya ta dama da hagu kamar mai taya tunkiya a kasuwa.

"Hancin kakanki ne. Allah ya ba ki haƙuri."

Kwanakin farko ba su yi daɗi ba. Yoselin tana tsoron awaki, ruwan ya ɓata mata ciki, kullum tana saman bene tana neman inda waya za ta kama. Kakar ta ce an turo mata baƙuwa ce mai zaman otal. Amma yarinya ba ta iya kwana ita kaɗai a bene, don haka ta sauko da katifarta madafi, kuma daga nan abin ya warware. Ta koyi yin wainar masara, tata tana fitowa kamar taswira, kakar tana cewa ko kare sai ya yi tunani kafin ya ci. Ita kuma ta koya wa kakar kiran da ake ganin fuska. Nereida ta ɗauki duk wannan, da izinin Abundio. Saƙon da ya turo mata gajere ne, ya ce ta yi fim ɗinta, amma kada ta nuna shi kamar wanda ya yar da uwarsa.

Sai aka zo tacewa, inda tsohon ciwonta yake. Abin da ta fara haɗawa ya kusa cin wuni guda. Ta ɗauka ta kai wa Malama Ofelia, wadda ta riga ta yi ritaya. Dattijuwar ta kalla duka ba ta tashi ba sai don dafa shayi.

"Yanzu na gan ki," ta ce. "Saura ki tausaya wa mai kallo."

Suka yi watanni suna fama. Malamar ba ta taɓa hotunan da suka daɗe a kan hannu ko fuska ba, amma ta sa ta zubar da duk abin da ya maimaita kansa, har da wuraren da Nereida ta fi so. Wani wurin sun yi musu, Nereida ta ci. Yawanci malamar ce ke da gaskiya. Da fim ya dawo awa ɗaya da 'yan mintoci, ta kai wa ubanta ya gani. Ya matso da kujera dab da allo saboda idonsa. Da aka gama ya share hanci, sannan ya ɓata fuska.

"Ya yi kyau. Amma ina zagayen waliyyi? Na ga kin ɗauki gidan su Cariño gaba ɗaya, kin cire su. Kin san da wa za su yi faɗa? Da ni."

Don haka fim ɗin Nereida na farko ya zama biyu. Gajeren ya tafi wani bikin fina-finai a birni, aka nuna shi da rana tsaka a ƙaramin zaure, kujeru rabi ba kowa. Bai ci kyauta ba. Amma da aka kunna fitila wata mata daga jihar Michoacán ta zo ta riƙe hannun Nereida gam, kuma wani mai shirya fina-finai ya karɓi lambarta. Daga baya ƙungiyoyin mutanenmu na tsallake suka riƙa nuna shi a zaurukan coci. Abundio ya je ɗaya, ya tsaya a baya da rigar aikinsa, ya fita kafin a kunna fitila. Washegari ya turo wa Nereida hoton tikitin.

Dogon kuwa, wanda ta mayar da zagayen da kowa da kowa a cikinsa, a garinmu aka nuna shi, a zauren taro, aka toshe tagogi da barguna. Mutane suka zo da kujerunsu da abincinsu, ana shiga ana fita, kowa ya ga kansa sai ihu. Doña Herminia ta zauna a gaba da sabon mayafi. Da aka zo wurin benen zauren ya yi tsit, domin ba ita kaɗai ke share ɗakin da ba kowa ba. Da aka tashi aka tambaye ta yadda ta gani, ta ce fim ɗin ba laifi, sai dai 'yar Fulgencio ta nuna madafinta ranar da ba ta yi shara ba.

Yanzu Nereida tana haya a birnin Puebla, ɗaki ɗaya a saman shagon mai gyaran keke. Tallace-tallace take tacewa ta ci abinci, da safe kuma kafin gari ya yi hayaniya tana rubuta fim ɗinta na biyu, ƙagaggen labari a kan wasu 'yan'uwa mata biyu masu tuƙa tankar ruwa zuwa ƙauyukan kan dutse. Ba ta son ƙwararrun 'yan wasa. Ta sami yayar, wata mai sayar da kaji a kasuwar Acatlán mai murya kamar ƙaho, wadda ta ce za ta yi in dai ba ranar kasuwa ba ce. Ƙanwar ce har yanzu ba ta samu ba. Duk ƙarshen mako tana hawa bas zuwa wani gari, ta sayi kofin kunun masara, ta zauna a bakin kasuwa tana kallon mata suna wucewa.